Inda Na Bar Bukar

Kun zo ku shida da wayoyinku, wai in koya muku rubuta labarin soyayya kafin Lahadi, akwai gasar da za ku shiga. Kafin Lahadi! Mai jar hular nan har cewa ya yi ai abin ba wuya, saurayi ne da budurwa, a sa musu uba mai taurin kai, a ƙarshe a buga ganga. Ban ce ka yi ƙarya ba, ɗana. Tuwo ma gari ne da ruwa, amma je ka tuƙa mu gani. Shekara ashirin da ɗoriya ina rubuta wasan kwaikwayo a ƙaramin gidan rediyon garin nan na Diffa, kusan duk na soyayya, kuma zan faɗa muku abin da ba na faɗa a wurin taro: rubutuna ya taɓa raba auren gaske, na mutane masu jini a jika. Ku kife wayoyin nan ku ji yadda aka yi.

Aikin farko da na yi a sana'ar nan riƙe bik, wato biro, ne kawai. Na zo daga Damagaram ina saurayi, na faɗi jarrabawa, abin da na tsira da shi daga lakol, wato makarantar boko, kyan rubutu ne. Mai shirya wasanni a lokacin wata Babarbariya ce, Ya Kaltum, Allah ya jiƙanta. Ba ta taɓa zama a aji ba, amma wasa mai kashi talatin yana cikin kanta daga farko har ƙarshe, da wanda ya yi magana da wanda ya yi shiru. Takan yi ta kai da kawo a tsakar gida, hannu a baya, tana faɗa ina rubutawa a kaye, littafin rubutu, da Hausa, daga baya mu juya shi da Barbarci. Shekara biyu cur ban sa kalma ɗaya tawa ba. In na gyara mata wata magana don ta ƙara armashi, da na karanta sai ta ce, "Wannan ba tawa ba ce, Sani. Fid da ita."

Istidiyon namu ɗaki ne guda, an manna kwalin ƙwai a bango, an rataya tsofaffin barguna a ƙofa. Makirfo ɗaya ne, mutum biyar su kewaye shi, mai magana ya matso, wanda ya gama ya ja baya ba tare da takalminsa ya yi ƙara ba. Da kaset muke ɗauka. Wani ya yi tari, a koma farko. Kuran, wato wutar lantarki, ya ɗauke, a zauna a yi ta fifita. Kogin Komadugu da iyayenku suke ji a wasanninmu daro ne da ruwa da ludayi. Takun jaki kuwa ƙananan ƙore biyu ne a kife kan tabarma. Amma busasshen tattasai in ana zuba shi a buhu, babu abin da ke yin ƙararsa sai shi kansa. Mun gwada takarda, mun gwada busasshen ganye, manoma suka gane. Dole muka riƙa shigo da na gaske, ƴan wasa suna ta atishawa a tsakiyar zancen so.

Ya Kaltum tana da wata al'ada da ban ga kowa da ita ba. Ba a ɗaukar sabon wasa sai an kai shi mashanya. Lokacin tsinkar tattasai mukan hau mota zuwa wani ƙauye kusa da Shetimari, inda mata ke zaune a kewaye da shanya suna tsince mai kyau daga ruɓaɓɓe, a nan nake karanta musu. Ba a tambayarsu ra'ayi. Ya Kaltum hannuwansu take kallo. In hannuwa suka tsaya, wurin ya yi kyau. In suka ci gaba da tsinta, ana ƴar hira ƙasa-ƙasa, to takardar nan ta hura wuta ce.

Ranar da ta ba ni dama na rubuta fitowa ta farko da kaina, na zuba duk abin da ke cikina. Saurayi ya tsaya gaban budurwa yana cewa ba ya ci, ba ya barci, ita ce hasken idonsa, in babu ita kabari ya fi masa. Shafi uku. Na karanta da murya mai rawa, har ni kaina na ji tausayinsa. Hannuwa ba su tsaya ba. Can wata tsohuwa ta ɗaga kai ta ce, "Wai shi yaron nan ba shi da aikin yi ne?" Mashanya ta ɗauki dariya, har da guɗa. Kunya ta kama ni kamar in nutse cikin buhu.

A hanyar komowa Ya Kaltum ta bar ni na gama cika da batsewa, sannan ta ce, "A ina ka taɓa jin ɗan bakin kogi ya faɗi wannan? Mutumin da ko sunan surukarsa ba ya iya kamawa?" Ta ce in yaga. A madadinsa muka sa saurayin ya zama mai gyaran motopom, injin ban ruwan nan. Ya zo ya gyara na uban yarinyar ranar Litinin. Ranar Laraba ya dawo, wai ya ji kamar yana wata ƙara. Ranar Asabar ya sake dawowa, alhali injin lafiyarsa lau. Uban ya ce, "Kai, wannan inji ya samu gata." Yarinyar ta kawo ruwan sha, ta ajiye, ba ta ce komai ba, awarwaronta kawai aka ji ya taɓa kwano. Da na karanta wannan a mashanya, babu hannun da ya motsa. Wata ma ta rufe fuska da gyale.

Daga nan na fara gane masu sauraronmu. Mata ba sa ɓoyewa. Maza ne abin dariya: kowa ka tambaya a wurin mai shayi sai ya ce shi ba ya jin shirmen mata, amma ka yi kuskuren sunan kawun yarinya, shi zai fara gyara maka. Wani dattijo makiyayi ya taɓa tasowa tun daga wajen Maine ranar kasuwa, ya sayar da akuya, ya biyo ta gidan rediyo don kawai ya ce mini saurayin ya cika nawa, in bai aika manya ba wani zai riga shi. Na ce masa, "Baba, ai ni nake riƙe da shi." Ya ce, "To sake shi mana, kai wane irin mutum ne?"

Na daɗe ina tunanin abin da ke jan su. Ba auren ba ne, don kashin biki shi ne wanda aka fi saurin mantawa. Jiran ne. Babu wanda bai taɓa son wani abu an gitta masa katanga ba. Matar da aka aurar ba a tambaye ta ba, da wadda ta samu wanda take so ya zame mata ciwon kai, da tsohon da ya tuna wata yarinya a bakin rijiya shekara arba'in baya, duk suna samun wurin zama a cikin labarin, ba tare da sun tona wa kansu asiri ba. A garin nan mutum ba ya fitowa ya ce zuciyata na ciwo. Amma yana iya cewa, "Kai, an zalunci yarinyar nan ta rediyo," ya share ido, babu mai zarginsa.

Saboda haka katangar ita ce aikin. Kai mai jar hula, uban nan naka mai taurin kai, in mugu ne kawai, wasanka ya mutu a kashi na uku. Ba shi gaskiyarsa. Ya ƙi saurayin ne don ya ga yadda ƙanwarsa ta wahala a gidansu, ko don ya riga ya ba aboki magana kuma shi ba ya magana biyu. Sai ka raba gari biyu, rabi na bayansa rabi na zaginsa, a nan ne za a jira ka ranar Juma'a. Kuma kada ka bar masoya su gama magana. Duk ranar da suka faɗi komai, washegari ba ka da abin sayarwa.

Wasan da ya jawo mini abin da na ce muku, na Fanna da Bukar ne. Lokacin Ya Kaltum ta tsufa, ido ya yi rauni, aiki ya dawo hannuna. Fanna ƴar manomin tattasai ce a wannan gaɓar, Bukar kuwa ɗan tsallake ne, daga ɓangaren Najeriya. Da rani in kogi ya ƙafe da ƙafa yake zuwa zance, in ruwa ya zo sai a kwalekwale. Na wahalar da su kashi ashirin da huɗu, na ɗaura musu aure, ina shirin rufewa in fara wani.

Sai muguwar shekarar nan ta zo. Wasunku suna ƙanana a lokacin. Mutanen daji masu bindiga suka addabi bakin kogi, aka taso ƙauyuka, jama'a suka zube a gefen gudron, babban titin kwalta, cikin bukkokin leda da zana. Aka hana hawan babur, aka hana fataucin tattasai, mashanya ta watse. Ba ni da inda zan kai takarda in karanta. Malamin lakol ɗin da ke yin muryar Bukar ya kwashe iyalinsa ya koma Damagaram, ban ga laifinsa ba. To a rediyo ba a canja murya. A fim kuna iya sa wa wani hula da gemu ku ce shi ne. A rediyo muryar ita ce mutumin, ka sa wata, yaro ɗan shekara biyar zai ce wannan ba Bukar ba ne.

Direkta ya ce kada a tsai da wasan, mutane na bukatar abin da zai ɗauke musu hankali. Na zauna da bik na nemi mafita mafi sauƙi. Na sa Bukar ya haye tsallake ya ɗauko tsohuwarsa, ya aiko ta a kwalekwalen farko, shi ya tsaya jiran na biyu. Bai iso ba. Wallahi ba wata hikima ba ce, rashin ɗan wasa ne. Na yi zaton sati huɗu ko biyar malamin zai dawo in dawo da shi.

Ban taɓa yin wasan da aka saurara kamar wannan ba. Ashe abin da na rubuta don in toshe ɓaraka shi ne abin da ke cikin kowace bukka. Fanna na jira, su ma suna jira. In na bi ta gefen gudron bayan la'asar ran Talata ko Juma'a, sai in ga mata goma sha a kewaye da rediyo guda, muryar da na rubuta tana fitowa daga bukka zuwa bukka. Da na ga haka, sai sana'a ta motsa. Na shigo da wani tela, Abba, wanda matarsa ta rasu, mutum mai kawaici, yana ɗinka wa ɗan Fanna riga ya ce ragowar yadi ce. Gari ya rabu biyu kamar yadda nake so. Na yi ta ja, damina uku. Ina jin daɗin kaina, ba zan ɓoye muku ba.

Daga ƙarshe direkta ya ce ya isa, akwai shirye-shiryen wayar da kai da ke bukatar lokacin, ya ba ni kashi huɗu in rufe. Muka yi waya da malamin, ya yarda zai zo kwana guda a ɗauki muryarsa. Na rubuta dawowar Bukar tsaf, da sallamarsa a ƙofar gida, da tulun da zai suɓuce daga hannun Fanna. Har tsohon tulu na tanada don a fasa.

Ana saura kwana biyar a ɗauka, da hantsi, mai gadi ya ce wata mata na sallama da ni. Na fito na same ta a kan benci, da ɗaurin kallabi irin na mutanen gabas, ba za ta wuce shekara talatin ba. Ta gaishe ni da Barbarci, sannan ta koma Hausa, tana yi a hankali, kalma bayan kalma. Sunanta Yagana, daga wani ƙauye wajen Bosso, yanzu tana zaune a gefen gudron kusa da Shetimari da ƴaƴa biyu.

Ta ce, "Malam, kai ne mai rubuta Fanna?"

Na ce ni ne.

"Zai dawo?"

Na yi dariya irin wadda na saba yi wa masu wannan tambaya, na ce ta jira Juma'a. Ba ta yi dariya ba. Ta ce mijinta, Modu, ya koma ƙauye ɗauko motopom da buhunan da suka bari, damina uku ke nan babu shi babu labari. Babu wanda ya ga gawa, babu wanda ya gan shi da rai. Wani mutum mai sayar da hatsi, mai mutunci, ya aiko yana nemanta. Malamai sun ce tana da hakkin a raba auren, tunda babu ci babu sha babu labari. Yayanta ya ce ta yi aure. Uwar mijin ta ce in ta yi, ta binne mata ɗa da rai.

"Na gaji da jin kowa," in ji ta. "Na yi wa kaina alkawari, abin da Fanna ta yi shi zan yi."

Na ce, "Baiwar Allah, wasa ne fa. Ni nake ƙagawa."

Ta ce, "Na san wasa ne, ai ba mahaukaciya ba ce ni. Amma duk abin da ke raina, ita ke fara faɗa. Ranar da ta wanke rigarsa ta rasa dalilin wankewa, ni ma a satin na wanke. Wanda ya san wannan ya fi yayana sanin zancen."

Na yi mata nasiha iyakar iyawata, na ce ta yi istihara, ta koma ga malamai. Ta saurara da ladabi, ta yi godiya, ta tafi. Ko makaho ya san ba ta canja ba.

Da azahar na tafi gidan Ya Kaltum. Na same ta a kan tabarma tana jan carbi, na karanta mata ƙarshen da na rubuta, na kuma ba ta labarin Yagana. Na ce ina tunanin in bar abin a buɗe, kada in ce ya dawo, kada in ce bai dawo ba, kowa ya cika da kansa.

Ta ce, "Wato ka wanke hannunka."

Na ce ba haka ba ne.

"Haka ne. Damina uku kana cin tuwo da jiran matan nan, yanzu da aka zo wankin tukunya za ka sulale. Ji nan, Sani. In ka dawo da shi, ka yi musu ƙarya, don ka san mazan da suka dawo ba su kai yatsun hannu ba a cikin waɗanda muka sani. Kowace uwar miji za ta ɗauki rediyon ta dangwara gaban surukarta ta ce ga ta nan, ta yi haƙuri ta samu. In kuma ka kashe shi, ka kashe mutanen da ba ka ga gawarsu ba."

Na ce, "To yaya zan yi, Ya?"

"Ka manta da Yagana. Ita Fanna da ka haifa, wadda ka sani, da ɗanta da ciwon tsohuwa da buhun taimako da ba ya kai wata, me za ta yi? Rubuta wannan. In ka san amsa kana tsoro ne, to wannan ba aikina ba ne."

Na san amsar. Na buga wa malamin waya na ce ya sha zamansa. Na yaga shafi goma sha ɗaya. A kashi huɗun nan babu wani labarin Bukar da ya zo, mai daɗi ko marar daɗi. Fanna ta je gaban malam da ƙafarta, aka raba auren, ta yi idda, ta amince da Abba tela. Fitowar ƙarshe ba biki ba ce. Ta ninke rigar Bukar ta kai wa tsohuwarsa. Na sa aka kawo akwatin ƙarfe na gaske istidiyo don a ji buɗe shi. Tsohuwar ta daɗe ba ta yi magana ba, har mai ɗaukar sauti ya ɗago yana dubana ko kaset ya tsaya. Sannan ta ce, "Je ki, ƴata. Amma ranar Juma'a ki riƙa turo mini yaron." Aka rufe akwati. Shi ke nan wasan.

Na sha zagi. A wurin mai shayi aka ce na koya wa mata cin amana. Wani ya tare ni a kasuwa ya ce ƙanensa na cikin waɗanda suka ɓata, in matarsa ta fita ni ne. Mata kuwa ba su ce mini komai ba, sai dai na ga ana ajiye mini dabino ko ɗan ƙullin yaji wurin mai gadi ba suna. Bayan wata biyar aka kawo mini goro guda uku a leda, aka ce daga Yagana, an ɗaura. Na ci ɗaya, na yi mata addu'a, na ce wa kaina na yi aikina da gaskiya. Har yau ban ce ƙarshen nan kuskure ne ba.

Bayan kamar shekara ɗaya da rabi, wata Laraba bayan azahar, ina istidiyo ni kaɗai ina tace wani shiri a kan ordinata, wato kwamfuta, don lokacin mun bar kaset. Aka yi sallama. Wani dogon mutum ya shigo, ramamme, yana ɗan jan ƙafar hagu. Ya zauna ba a ce ya zauna ba.

Ya ce, "Sunana Modu. An ce rediyon nan ce ta aurar da matata."

Na ji tsoro, tsoro na gaske. Na dubi hannuwansa, na dubi ƙofa. Babu komai a hannunsa sai hula da ya cire yana murzawa. Ya ba ni labari a taƙaice, kamar mai ba da labarin wani. Mutanen daji sun kama shi a hanyar ƙauye, sun kai shi cikin tafki yana yi musu noma da kamun kifi, ya gudu ta ɓangaren Chadi, ya daɗe a tsare ana bincikensa kafin a sake shi. Ya iso sati biyu da suka wuce. Ya sami Yagana da jariri a baya. Malamai sun gaya masa aure na biyu ya zauna, ba shi da hanya. Ya ga ƴaƴansa, babban ya gane shi, ƙaramar ta ɓuya bayan uwarta.

Na fara ba shi haƙuri, ina haɗa magana tana watsewa. Ya ɗaga hannu.

"Ban zo faɗa ba. So nake in ji abin da ta ji."

Na nemo kashin ƙarshe na kunna. Minti ashirin da biyu. Ban taɓa jin tsawon aikina kamar ranar ba. Ya sunkuyar da kai yana saurare, bai motsa ba ko da akwatin ya buɗe. Kiɗan rufewa ya zo ya wuce.

Ya ce, "Ba ta yi laifi ba. Ita ta rediyon. Da ƙanwata ce, ni ma haka zan ce mata."

Na ce alhamdu lillahi a raina, na ɗauka an gama. Sai ya ɗago ya dube ni.

"Shi kuma Bukar ɗin, ina ka kai shi?"

Na ce ban gane ba.

"Ya tsaya jiran kwalekwale na biyu, an ce mini. Daga nan fa? Damina uku ana wasa. Yana ina? Me yake ci? Yana tuna ta?"

Ƴaƴana, shekara ashirin ina wannan aiki, kullum ina gaya wa na ƙasa da ni cewa labarin so na mutum biyu ne. Na buɗe baki ban sami abin faɗa ba sai gaskiya. Na ce, "Ban kai shi ko'ina ba. Mai yin muryarsa ne ya bar gari, sai na daina rubuta shi."

Ya jinjina kai a hankali. "Ka daina rubuta shi." Ya sake murza hular. "Haka muka ji a can. Kamar an daina rubuta mu."

Kunyar da na ji a mashanya ina saurayi wasa ce a kan ta ranar.

Ya ce, "To ka rubuta shi. Ba ni kaɗai na dawo ba, wasu ma na tafe. Za su iso su tarar an rufe akwati. Gara mutanen gari su ji daga inda muka fito, ko sa san yadda za su gaishe mu."

Na ce masa ban san komai ba game da can, ban taɓa taka wurin ba. Ya ce shi ya sani. Na ce ko na rubuta, mai muryar Bukar ya yi nisa, ya kama aiki a Damagaram, masu sauraro kuma ba sa karɓar sabuwar murya, doka ce a sana'armu.

Ya dubi makirfon da ke rataye a tsakiyar ɗakin.

"Wanda ya yi shekara huɗu a can ba ya dawowa da muryar da ya tafi da ita, Malam. Tambayi ƴata."

Na tashi na rufe ƙofa, na saki bargon, na sauko masa da makirfon daidai bakinsa, don a zaune zai yi saboda ƙafar. Na ce ya fara daga bakin ruwa, lokacin da kwalekwalen farko ya tashi ya bar shi.